Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga limamai, dagatai da masu unguwannin ƙauyukanmu kan tazarar haihuwa

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Allah ya gafarta malamai, ranku ya daɗe iyayen ƙasa. Bayan gaisuwa da fatan an yi kaka lafiya, ni 'yarku ce, ina aikin lafiya a ɗaya daga cikin ƙananan asibitocin karkara a jihar Katsina, a ƙauye aka haife ni kuma a gidan noma na tashi. Na san maganar da na ɗauko ba a saba mace ta tari manya da ita ba, dan Allah ku yi min afuwa, abin ne ya kai inda in an ci gaba da kunya rayuka ne ke tafiya.

Maganar tazarar haihuwa ce. Kafin wani ya ce turo ta aka yi, bari in faɗa tun yanzu cewa ban zo in yanka wa kowa adadin 'ya'yan da zai haifa ba, ba ni da wannan hurumin, gwamnati ma ba ta da shi. Kuma na san dalilin da ya sa manomi ke son gida ya cika. Wanda bai taɓa yin noman firi da maimai da fartanya ba shi ne zai zauna a ofis cikin Abuja yana mamakin me ya sa mutumin ƙauye ke son yara goma. Hannu ake buƙata a gona, kuɗin ɗaukar 'yan ƙwadago ba kowa ke da shi ba, manomi ba shi da fansho ba shi da garatuti, in ƙarfinsa ya ƙare 'ya'yansa ne za su ci da shi. Ga kuma abin da ba a cika faɗa ba, uwar da ta binne biyu ko uku ba za ka zo ka ce mata huɗu sun isa ba, don ita ta san ba duk wanda aka haifa ne ke tsayawa ba. Duk wannan gaskiya ne kuma ni ban raina shi ba.

Amma ku duba lissafin nan. Binciken lafiya na ƙasa da hukumar ƙidaya ta yi a 2018 ya nuna matsakaicin haihuwar mace ɗaya a Katsina 7.3 ne, a lokacin mu ne a sama a duk Najeriya, Jigawa 7.1, Legas kuma 3.4. A binciken nan dai, cikin yara 1,000 da aka haifa a Arewa maso Yamma, 187 ba sa kai shekara biyar. Kusan ɗaya cikin biyar kenan. A lissafin na 2018 mu ne kan gaba wajen haihuwa, yankinmu kuma shi ne kan gaba wajen kai yara makabarta, kuma ku kun fi ni sani tunda ku ke yi musu salla. Abin da nake so ku gane shi ne wani kaso na wannan mutuwar yana da alaƙa kai tsaye da yadda ake jera haihuwar ba hutu, yaro bai yi ƙwari ba wani ya shigo.

Kwanika nake nufi. Mace tana goyon ɗan wata bakwai ko takwas sai ga ciki, to a ƙauye kun san abin da ake yi, nan take a cire yaron daga nono saboda an ce nonon mai ciki yana sa zawo, a kai shi wurin kaka a riƙa ɗura masa koko da ruwan rijiya. Yaron da cikinsa bai saba da komai ba sai nono, cikin sati kaɗan zawo ya kama shi, ga zazzaɓin damina, sai ka ga gashi ya yi ja ƙafa ta kumbura, tamowa ta shiga. Ita kuma uwar jinin da ta zubar a haihuwar baya bai dawo ba, ta zo awo in ka buɗe idonta fari fat, ga surfe ga daka ga ɗiban ruwa ga na ciki yana jan nasa. Ranar haihuwa jinin da mai ƙoshin lafiya za ta zubar ta tashi, ita shi ne zai tafi da ita, kafin a samo mota a kai ta babban asibiti a nemo mai ba da jini an makara. Ƙungiyar likitoci ta MSF ta ce a wata shidan farko na 2025 kaɗai yara 652 suka rasu da tamowa a cibiyoyinta na jihar Katsina. Tsadar abinci da rashin tsaro su ne manyan dalilai ba musu, amma ku tambayi duk mai aiki a irin waɗannan wuraren yawan iyayen da ke zuwa da yaro a kwance ga kuma ciki a gaba ko jariri a baya.

Abin da ke ba ni takaici shi ne tazarar nan ba baƙuwa ba ce a ƙasar Hausa. Iyayenmu da kakanninmu sun yi ta tun kafin a san allura. Mace ta tafi goyon ciki gidansu, ta yi wankan jego, wata sai ta yi watanni kafin ta koma ɗakinta, kuma ko ta koma miji yana ƙaurace mata har a yi yaye, yaro ya shekara biyu ko kusa da haka. Wadda ta yi kwanika a da har gori ake mata, shi ma mijin sai tsofaffi sun kira shi sun yi masa faɗa. Yanzu wannan tsarin ya watse, ana yin arba'in an dawo, wani ma ba ya bari a cika arba'in ɗin, ba kuma a kawo wani abu da zai maye gurbin tsohon tsarin ba. Hukumar Lafiya ta Duniya cewa ta yi a bari aƙalla wata 24 bayan haihuwa kafin a ɗauki wani cikin. Wannan ai shi ne abin da kakanninmu ke yi ba tare da wata hukuma ta gaya musu ba.

Ta fuskar addini kuwa, Allah gafarta malam, ba zan koya muku karatu ba, tuni kawai nake. Aya ta 233 a Baƙara ta ce iyaye mata su shayar da 'ya'yansu shekara biyu cikakku ga wanda ya so cika shayarwa. Hadisin Jabir yana cikin Buhari da Muslim cewa sahabbai sun kasance suna yin azalu, wato zubar da maniyyi a waje, alhali Alƙur'ani yana sauka. Majalisar Fiƙihu ta ƙungiyar ƙasashen Musulmi da ta zauna a Kuwait a 1988 ta rarrabe abin sarai: ba a yarda hukuma ta kafa dokar ƙayyade wa ma'aurata haihuwa ba, ba a yarda a kashe haihuwa gaba ɗaya ba sai da larura, amma jinkirta ciki na wani lokaci don a ba da tazara ya halatta in miji da mata sun yi shawara sun yarda kuma ba cutarwa. Da yawanku kun san wannan, wasunku in an same ku a zaure ku kaɗai kuna faɗa, amma a kan mumbari shiru. Abin da talaka ke ji kullum shi ne kada ku kashe 'ya'yanku don tsoron talauci, kuma ayar gaskiya ce, sai dai shi mai sauraro ya tafi gida da fahimtar cewa matarsa in ta huta shekara biyu ta yi kisan kai. Rabin karatun aka ba shi. Allah ya kira mata gonaki a Baƙara, to manomi kuwa ya fi kowa sanin abin da ke faruwa da gonar da ake nomawa shekara da shekaru ba taki ba a bar ta ta zama saura ta huta ba.

Tunda an zo maganar gona, ranku ya daɗe dagatai, wannan ɓangaren naku ne don a gabanku ake rabon gado, a gabanku ake rikicin iyaka. A ƙidayar 1991 mutanen jihar Katsina miliyan 3.7 ne, a ta 2006 sun kai miliyan 5.8, tun daga nan ba a sake ƙirga mu ba amma kowa yana gani da idonsa. Ƙasar kuwa tana nan yadda take, ba ta ƙaru da taƙi ɗaya ba, sai ma raguwa, a Batsari da Safana da Jibiya da Ɗanmusa da Faskari gonaki nawa ne aka bari saboda 'yan bindiga, mutanensu suka kwararo inda ake ganin da sauƙi. Gandun da kaka ya noma da 'ya'yansa ya cika rumbu uku, an raba wa 'ya'ya, su ma sun rasu an raba wa jikoki, yau wani abin da ya samu bai fi ya shuka kwano ɗaya na iri ba, shi ma in ciwo ya zo ko biki sai a jinginar. Ga taki ya fi ƙarfin talaka. Hatsin da ake ci har a ga sabo yanzu kafin bazara ta yi nisa ya ƙare a gidaje da yawa. Shi ya sa da an gama kaka sai ka ga ƙauye ba samari, suna Legas suna Fatakwal suna Abuja, acaba da ga-ruwa da gadi da yankan farce, ƙananan kuma an loda su a mota an kai birni da allo da roba ba ko guzuri. Lissafin yawan hannu a gona ya yi aiki lokacin da akwai dajin da za a sare a ƙara gona, yanzu burtali ma an cinye shi, wanda shi ma kun san irin fitinar da ya jawo tsakaninmu da makiyaya. Arziki na Allah ne, wallahi na yarda, amma ciyarwa da tufatarwa da tarbiyya Allah a wuyan uba ya ɗora su kuma zai tambaye shi.

Yanzu ga dalilin da ya sa ku na rubuto wa ban rubuta wa kwamishina ba. Matan nan sun riga sun gane, ba su ne matsalar ba. Mace za ta zo da sunan ta kawo yaro rigakafi, sai ta jira kowa ya fita ta matso ta ce malama dan Allah a yi min allurar hutu amma kar a rubuta a katin da zan kai gida. Wata ta ce a sa mata ashanar hannu, wato maganin tazarar da ake sawa a ƙarƙashin fatar damtse, bayan wata biyu ta dawo da kuka maigida ya shafa ya ji, ya ce ko a cire yau ko ta tafi gidansu. Wata kuma ita da kanta ba ta so ta huta saboda kishiya ta haihu, tana ganin in ta tsaya an wuce ta a gida an wuce ta a gado, wannan gasar kuwa maigida ne kaɗai zai iya kashe ta da adalci da kalma mai daɗi. Duk inda ka bi maganar sai ta dawo kan namiji, mu kuwa maza ba sa zuwa wurinmu, namiji yana ganin ɗakin awo ba wurinsa ba ne. Amma yana zuwa masallaci sau biyar, yana zuwa Juma'a, yana zama a ƙofar gidan mai unguwa. Ni ba na jin daɗin ba mace magani a ɓoye da mijinta, don ranar da abin ya fito aure ne ke girgiza, kuma in maganin ya ba ta matsala ba ta da wanda za ta gaya wa. Na fi so su zo tare ko ya aiko ta da yardarsa.

Tsoron da mutane ke yi ma ba daga sama ya faɗo ba. Ba a manta gwajin maganin Trovan da kamfanin Pfizer ya yi wa yara a Kano lokacin sanƙarau na 1996 ba. A 2003 aka dakatar da rigakafin shan inna a Kano kan zargin an sa maganin hana haihuwa a ciki, kuma kun tuna abin da ya dawo da mutane, ba jami'an gwamnati ba ne, sarakuna ne da malamai da suka fito suka ɗiga wa 'ya'yansu a gaban jama'a. Da bakinku aka kori shan inna daga ƙasar nan. Shi ya sa na san in kun yi magana za a ji.

Kuma ba zan ɓoye muku ba, magungunan nan suna da nasu laulayin, duk ma'aikacin da ya ce babu bai faɗi gaskiya ba. Allurar wata uku tana rikita al'ada, wata ta riƙa ganin ɗigon jini wata kuma ya ɗauke mata gaba ɗaya, kuma bayan an daina ana iya ɗaukar watanni har kusan shekara kafin ciki ya shiga, amma yana shiga. Ashanar hannu akwai ta shekara uku akwai ta biyar, duk ranar da aka so a cire ana cirewa kuma haihuwa ta dawo ba daɗewa. Akwai ƙwaya, akwai robar mahaifa, akwai kwaroron roba na maza. Shayar da nono zalla ma yana tsare ciki amma wata shidan farko ne kawai, shi ma in al'ada ba ta dawo ba kuma ba a haɗa wa yaro da komai. Ba kowane ne ke karɓar kowace mace ba, shi ya sa ake so a zo a auna hawan jini a yi tambayoyi, ba a aiki yaro kemis ya sayo ba. To a nan akwai wurin da ku kaɗai za ku iya taimakonmu. Mata da yawa suna barin maganin ba don ciwo ba sai don ɗigon jinin nan, ba ta san ta yi salla ko kar ta yi ba, ba ta san matsayin azuminta ba, miji kuma yana fushi. Ni zan iya ce mata ba shi da haɗari, amma hukuncin haila da istihala ba nawa ba ne, yana nan cikin Ahalari da kuke karantarwa kullum. In an yi bayaninsa a islamiyyar matan aure da majalisin maza, wallahi an rage mana rabin wahala.

Maƙwabtanmu na Nijar sun gwada wani abu a jihar Damagaram tun wajen 2008, makarantar mazaje, inda ake zaɓo magidanta masu mutunci a gari su riƙa zama suna tattauna lafiyar iyali da ma'aikatan asibiti sannan su je su yi wa 'yan uwansu maza bayani, da goyon bayan sarakuna da malamai, daga baya aka yaɗa shi zuwa sauran jihohinsu. Hausawa ne irinmu, gero suke nomawa irinmu, Malikiyya suke bi irinmu. Ba sai an jira wata ƙungiya ta kawo kuɗi ba, tabarma ce da inuwa da mutum goma da ake jin maganarsu.

Sai maganar yara mata, a taƙaice. Yarinyar da aka kai ɗaki tana sha huɗu ta yi ciki ƙugunta bai gama buɗewa ba, ita ce ke doguwar naƙuda kwana biyu a gida, ita ce ake kaiwa asibitin Babbar Ruga da ke Katsina da yoyon fitsari, sau da yawa ɗan ma bai zo da rai ba mijin kuma ya sake ta. Ko an yi auren, ana iya jinkirta cikin fari har jikinta ya yi ƙwari, kuma in an bar ta ta gama sakandare ya fi, don mu kanmu muna neman mata 'yan garin da za su zama ungozoma da malaman asibiti, maza suna cewa ba sa so namiji ya duba matansu alhali ba a bar 'ya'ya mata sun yi karatun ba.

Abin da nake roƙo ba shi da yawa. Malamai, ko huɗuba ɗaya ce a shekara a yi ta kan haƙƙin mai shayarwa da haƙƙin jaririn da ke nono, a faɗi halaccin tazara da sharuɗɗanta ƙarara yadda manomi zai gane. Ranar suna in an gama raɗa wa yaro, ga uban ga 'yan uwansa maza duk a zaune, a ce masa malam wane a bar baiwar Allah nan ta huta yaron nan ya sha nononsa ya ƙoshi. Daga bakin liman wannan kalmar ta fi duk wata sanarwar rediyo.

Iyayen ƙasa kuma, ku taya mu bin haƙƙinmu a sama. Tun 2011 gwamnatin tarayya ta ce kayan tazarar haihuwa kyauta ne a asibitocin gwamnati, amma kyautar da babu ita a kanta ba ta da amfani, mace ta sha fama ta shawo kan mijinta ta biya kuɗin mashin ta zo a ce mata allura ta ƙare, ba lallai ta sake dawowa ba. Da yawan kayan nan da tallafin waje ake sayo su, kuma tun da Amurka ta rufe hukumar USAID a 2025 kowa a fannin lafiya ya ji a jikinsa. Kuna da kujera a kwamitin ci gaban mazaɓa, kuna zama da hakimi, hakimi yana zama da ciyaman. Ku tambaya ina kuɗin asusun kula da lafiya a matakin farko da dokar lafiya ta 2014 ta tanada, me ya shigo asibitin mazaɓarku kuma me aka yi da shi. Ku nemi a turo ungozoma mace da za ta riƙa kwana a garin, ku kuma ku ba ta ɗaki mai tsaro. A samu mota ɗaya ko biyu a gari da aka yi yarjejeniya da direbobinsu da ɗan asusun mai a hannun mai unguwa saboda naƙudar dare, a kuma rubuta samarin da suka yarda su ba da jini a san rukunin jininsu tun kafin ranar buƙata.

Duk limamin ko dagacin da yake son ya ga kayan nan da idonsa ya yi tambaya kafin ya buɗe baki a gaban jama'a, ya aika a kira ma'aikaciyar asibitin garinsa, za ta kawo su har zaure ta yi bayani ɗaya bayan ɗaya, in an fi so namiji ya yi bayanin akwai abokan aikinmu maza.

Allah ya ƙara wa malamai lafiya, Allah ya ja zamanin iyayen ƙasa. Wassalamu alaikum.

'Yarku,
ma'aikaciyar lafiya daga karkarar Katsina